Direban Mota ta Biyu

Jiya na shigo garejin nan na tarar da ku a ofis kun ƙura wa talabijin ido, kowa da sitiyarin roba a hannu, kuna shan kwana kuna ihu. Na ji Abba yana cewa ai tseren mota ba wani abu ba ne, mutum ya take totur ya riƙe sitiyari, shi ke nan. Da Turanci ya faɗa, wai don kada in ji. To kunnena ƙalau yake, gwiwa ce kawai ta gaza. Ku ajiye wayoyin nan ku zauna. Ni da jikina na yi sana'ar nan, tun iyayenku ba su san hanyar unguwar nan ta Dagenham ba.

Ba tsere ne ya kawo ni Landan ba, direban gida ne ni. Alhaji, ubangidana, ɗan kasuwa ne a Kano, kwangila ta buɗe masa lokacin da kuɗin fetur ya fara zuba a ƙasar. Ya sayi gida a nan, ya sayi baƙar Marsandi, ya ce shi ba baƙon da zai tuƙa masa iyali. Ni kuwa na yi yaron mota a hanyar Nguru, na yi kanikanci a Fagge, sannan na daɗe ina tuƙa shi a gida. Shi ya yi mini aure, shi ya kai mahaifiyata Makka, shi ya yi mini fasfo. Haka na sauka a garin nan da 'yar jakata da rigar sanyi ta aro.

Wata rana Marsandin ta fara wani ƙas-ƙas a inji. Wani ɗan tasi ya yi mini kwatancen gareji a unguwar Plumstead, a ƙarƙashin gadar jirgin ƙasa. Na je na tarar da wani tsohon Bature mai ɗingishi, hannunsa baƙi ƙirin da mai. Bai tambaye ni komai ba. Ya ce in tayar, ya ɗauko doguwar sukundireba, ya ɗora bakinta a kan inji, ya kafa kunnensa a ƙotar. Sai dariya ta kama ni, don haka maigidana na Fagge yake yi. Ya miƙo mini ya ce in saurara, na saurara, na nuna masa inda ƙarar take. Ya kama hannuna ya juya shi ya duba tafin, ya tambayi garinmu. Daga ranar sunana ya koma Kano a bakinsa, ni kuma ina ce masa Baba Alf. Da yake Alhaji ya fi zama a Najeriya, mota tana kwance ni ma ina kwance, sai na nemi izininsa in riƙa zuwa garejin. Ya ce in je, ya fi zaman banza.

A ƙuryar garejin akwai wata doguwar mota lulluɓe da tamfol. Ita ce motar da Baba Alf ya yi tsere da ita kafin yaƙin Hitila. Mutumin nan yana cikin na farko-farko. Lokacin da ya fara, motar tsere mutum biyu take ɗauka, direba da makaniki a gefensa, shi ne makanikin. Aikinsa ya riƙa buga famfon mai da hannu don fetur ya hau inji, ya riƙa waiwaye, in wani ya matso ya daki cinyar direba. Ba bel, ba hular kwano, sai 'yar hular fata da tabarau. In taya ta fashe su biyun za su dira su canza a bakin hanya, motoci na wucewa ta gefen kunnensu. Na ce masa, "Baba, ashe kai ma karen mota ka yi." Na fassara masa, ya yi dariya har da tari. Daga baya ya samu sitiyari, ya yi 'yan shekaru yana tsere, ya ci wasu, ya faɗi da yawa, har ranar da ƙafar gaba ta cire masa a kwana, mota ta juye ta karya masa ƙugu. Noti ɗaya ne ya kwance.

Shi ya sa aikin farko da ya ba ni shi ne ɗaurin waya. A motar tsere duk notin da ranka ya rataya a kansa sai an huda kansa, an zura siririyar waya, an murɗa ta da filaya an ɗaure a jikin wani abu, yadda ko girgiza ta yi yawa ba zai juya ba. Kuna ganin abin wasa ne? Na yi watanni ba abin da nake yi sai wannan da wanke ƙarafa a kananzir. In na gama ya zo ya ja wayar da ɗan yatsa, in ta motsa ya sa almakashi ya datse, ko kallona ba ya yi. Yatsuna duk suka tsattsage, ga sanyi, in na zo alwala sai na cije baki. Bayan waya sai fulogi. Ya koya mini in kwance fulogi in karanta launinsa: in ya yi baƙi mai ya yi yawa, in ya yi fari inji na shan wuta, wanda ake so shi ne mai launin ƙuli-ƙuli. Kayan aikinsa kuwa, kowace sifana da ƙusarta a bango, in ka mayar da ita inda ba nan ba ne, ranar ba ka da kunnen sauraron komai sai faɗa.

Masu kawo mana aiki iri biyu ne. Akwai na cin abinci: 'yan tasi, masu motocin kai kaya kasuwa, da ɗalibanmu na Arewa da likitocin asibitin Whitechapel masu tsofaffin motoci, waɗanda suka ji akwai Bahaushe a wurin suka riƙa zuwa, rabi gyara rabi hira. Sai kuma 'yan tseren Asabar da Lahadi, wani mahauci, wani likitan haƙori, wani mai sayar da katako. Waɗannan su ne ciwon kai. Kowannensu in ya faɗi tsere mota ce ba ta da ƙarfi. Mahaucin nan ya taɓa dawo da mota gaba duk a lotse, ya rantse birki ne ya ƙi. Baba Alf ya duba birki ƙalau, ya ce masa, "Birkin yana nan, ƙafar ce ba ta zo ba."

A motar mahaucin na fara hawa filin tsere. Filin yana kudu da Landan, ba nisa. Mun kai ta gwaji ranar da ba tsere, Baba Alf ya ce kafin in taɓa sitiyari sai mun zaga filin da ƙafa. Da ɗingishinsa da sandarsa muka zaga. Ya nuna mini inda kwalta ta yi santsi, inda ruwa ke kwanciya, inda zan saki totur, inda zan taka birki. Ya ce kwana daga waje ake shigarta, a taɓa cikinta, a fita ta waje. Sannan aka zura ni cikin motar. Ku da kuke zaune a kujerar ofis, ku sani motar nan kwanciya ake yi a cikinta, mazaunanka kusan a ƙasa, taya a buɗe tana juyawa dab da kafaɗarka, inji na ihu a ƙeyarka. Ƙafar dama ɗaya ita za ta taka birki da yatsu, ta taɓa totur da diddige, hagu na kan kuloci, hannu na sauke giya, duk a lokaci guda, kuma kwana ba ta jiran ka. Na yi 'yan zagaye na fito wuyana kamar an yi mini duka. Baba Alf ya dubi agogonsa, ya dube ni, ya ce, "Kano, sake komawa." Daga nan duk motar da muka gyara ni ke gwada ta, har ya sa na yi lasin tsere.

Sai mummunar shekara ta zo. Man da ya sa mutanenmu a gida suke sayen mota kamar gyaɗa, shi ne ya yi tsada a nan har ya gagara. Layi a gidan mai har ya sha kwana, wuta kuma sai an ga dama a kawo. Muna aiki da fitilar kananzir a ƙarƙashin gada, numfashinmu na hayaƙi. 'Yan tasi suka rage fita, 'yan tsere suka kulle motocinsu, mahauci ya sayar da tasa. Muna iya wuni ba wanda ya leƙo sai mai neman a sa masa iska. Wata safiya na zo na ga ƙuryar nan fayau, tamfol a naɗe a ƙasa. Ya sayar da tsohuwar motarsa don kada a rufe garejin. Na buɗe baki zan yi magana, ya ce in share wurin, za mu riƙa ajiye taya a nan.

Abin da ya tashe mu, Nasiru ne, babban ɗan Alhaji, da yake karatu a nan. Ya bi ni fili sau ɗaya, shi ke nan abin ya shiga ransa. Ya matsa wa mahaifinsa lamba har ya yarda. Alhaji kuwa ba ya yin abu rabi-rabi, motar tsere biyu ya saya sababbi, ya ce Baba Alf ya riƙe su. Ya kira ni falo, na durƙusa.

"Sabo, ɗaya ta Nasiru ce, ɗaya kai za ka hau."

"To, ranka ya daɗe."

"Ba don ka yi tsere na saya ba. Yaron nan bai san mota ba. Ka zauna a bayansa, kada idonka ya bar kansa, kada ka bar wani ya matse shi. Amana na ba ka."

Na ce in sha Allahu. Me zan ce?

Kakar tseren nan gaba ɗaya a bayan Nasiru na yi ta. Kada ku ɗauka yaron ba ya ƙoƙari, yana yi, yana da zuciya, sai dai yana saurin taka birki, musamman a wata kwana da ke ƙasan gangara. Kuma wallahi bin bayan wanda ka fi gudu ya fi tseren kansa wuya. Ido ɗaya a kansa don kada in hau masa baya, ido ɗaya a madubi ina tare masu son wucewa, ƙafata na ƙaiƙayi a kan totur. In ya zo na shida ni ne na bakwai, in ya zo na tara ni ne na goma. Baba Alf ya gane tun a tsere na biyu. Ya jefar da tsumman hannunsa ya ce, "Wannan wane irin iskanci ne? Na gyara maka mota kana tafiya da ita kamar mai rakiyar amarya!" Kalmar ba haka ya faɗa ba, amma ma'anar ke nan. Na yi masa bayanin Alhaji, na yi masa bayanin amana. Ya ce shi bai gane ba, a fili babu ɗan maigida, akwai na gaba akwai na baya. Na ce a wurinku ke nan. Muka yi kwanaki ba ma magana sai ta aiki.

Ana saura mako guda tseren ƙarshe na shekara, Baba Alf ya same ni ina ɗaurin waya. Ya ce akwai wani tsohon abokinsa mai ƙungiyar tsere a arewacin Ingila, yana neman direba na baɗi, kuma ya roƙe shi ya zo ya kalle ni. Ya ce, "Sau ɗaya zai zo, Kano. Ba ya sayen direban da bai ga ya wuce kowa ba. In ka zauna a bayan yaron nan, ka zauna ke nan har ka tsufa." Ni kuwa ina son kujerar direban nan, ba zan ɓoye muku ba. Ina son ta fiye da duk abin da na taɓa so a sana'a.

Ranar ta zo da yayyafi. Kuma sai ga Alhaji ya sauka daga Najeriya da baƙi uku, manyan abokan kasuwancinsa, ya ce za su zo su ga ɗansa yana tsere. Ni na tuƙo su a Marsandi tun da safe, na buɗe musu ƙofa, na riƙa musu lema, sannan na je na sa kayan tsere. Suna tsaye a bakin shinge da manyan riguna, Turawa na ta kallonsu.

Ina sa hular kwano Nasiru ya zo ya tsaya a gabana. Ya ce, "Yaya Sabo, kowa a filin nan ya san raka ni kake yi. Dariya ake mini, wai na zo da mai reno. Wallahi in ka ƙara zama a bayana yau, a tsakiyar hanya zan tsaya in fita in bar motar." Kafin in ba shi amsa Alhaji ya ɗago hannu daga bakin shinge ya kira sunana, ya nuna Nasiru, ya nuna idonsa. Na gyaɗa kai na shiga mota.

Aka sauke tuta muka tashi. Kwalta jiƙe, feshin tayar na gaba na rufe ido, sai ka riƙa share gilashin hula da bayan hannu. Nasiru na gabana kamar kullum, na gaba suna ta yi mana nisa. Muka yi zagaye na farko, muka yi na biyu. Da muka gangaro kwanar nan tasa, sai na ga ya ɗan kauce waje, ya ɗaga hannu ɗaya sama ya nuna mini ciki. Ni dai ban san lokacin da na yanke shawara ba, ƙafata ce ta ƙi zuwa birki. Na shige ta cikinsa na fita. Daga nan ban ƙara tuna kowa ba. A ruwa ba a bin inda kowa ke bi, nan ne roba ta kwanta ta yi santsi, sai ka nemi inda kwalta ke da kaushi, yadda Baba Alf ya nuna mini da sandarsa. Haka na riƙa cin su ɗaya bayan ɗaya. Na farkon ne kawai ya gagare ni, na biyu na zo. Nasiru ya gama lafiya a can baya, ya fito ya rungume ni yana dariya.

Na je wurin Alhaji da kayan tsere a jikina, jiƙe sharkaf, na durƙusa. Bai yi faɗa ba, Alhaji ba ya faɗa a gaban mutane. Ya ce, "Sannu da aiki, Sabo." Sai ya sa hannu a aljihu ya fito da makullin Marsandi ya miƙo. "Je ka kawo mota. Baƙina sun gaji."

A daidai lokacin Baba Alf ya iso yana haki. Ya ce mini a hankali abokin nan nasa mai ƙungiyar tsere yana tsaye a wajen babbar motarsa yana jira na, yanzu zai kama hanyar arewa, kuma ba mai jira ba ne. Na hango shi, wani gajere mai hular ulu, yana duba agogo.

Ku da aka haifa a nan za ku ce, to ka ce wa Alhaji ya ba ka minti goma mana. Haba! Ubangidanka, a gaban baƙinsa, bayan ka wuce ɗansa suna kallo, ya miƙo maka makulli, ka ce ya jira? Ba a yi bakin da zai faɗi haka ba a gidanmu. Shi ma Alhaji ya san abin da yake yi, so yake baƙin su ga har yanzu direbansa direbansa ne. Na ga kujerar nan tana tafiya, raina ya ɓaci ƙwarai, amma na riga na miƙa hannuwana biyu.

Hannun Baba Alf ya riga nawa. Ya goge shi a jikin rigar aikinsa, ya karɓi makullin daga hannun Alhaji, ya ɗan rusuna yadda ya saba ganin ina yi. Hausarsa duka ba ta wuce kalma uku ba, a ranar ya kashe su. Ya ce, "Ranka ya daɗe," sannan ya ci gaba da Turanci, wai shi tsohon direban tsere ne, ya tuƙa motoci iri-iri amma bai taɓa tuƙa manyan baƙi irin waɗannan ba, a yi masa alfarma yau ya kai su gida.

Sai ɗaya daga cikin baƙin ya bushe da dariya ya ce, "Kai, Alhaji! Abin naka har ya kai Bature ne ke jan ka? Wallahi sai na ba da labarin nan a Kano!" Sauran suka ɗauka, suna ta tafa hannu. Alhaji ya dubi tsohon, ya dube ni, ya daɗe yana dubana. Sannan ya yi murmushi ya gyara rigarsa ya ce, "To, mu je." Ina nan durƙushe na ga Baba Alf ya ɗingisa ya kawo motar, ya zagayo ya buɗe musu ƙofa ɗaya bayan ɗaya a cikin ruwa, ya ja su a hankali suka fita ƙofar fili. Na tashi na tafi wurin mai hular ulu.

Na samu kujerar. Na yi 'yan shekaru ina tsere a ƙungiyarsa, na zaga filayen ƙasar nan, na ci kofuna kaɗan, na karya haƙarƙari sau ɗaya, da ƙarfina ya fara ja baya na dawo kan sifana, har na buɗe wurin nan da kuke zaune. Baba Alf ya ga farkon abin, bai ga ƙarshensa ba.

Alhaji kuwa bai kore ni ba, bai taɓa tayar da maganar ba. Bayan mako guda na je gidan da sassafe na tarar da wani sabon direba yana wanke Marsandi, an kawo shi daga Kano. Duk salla ina zuwa gaishe shi, ya amsa da fara'a, ya tambayi iyali, ya sa a kawo mini abinci a falo a faranti mai kyau, irin na baƙi. Har Allah ya karɓi ransa bai ƙara aike na ko sayen jarida ba.